Ƙaramin Kwaɗon Ruwa Ko Mai Farce: Wanne Ya Dace a Tara a Tanki Guda?

Wanda ya tsaya a gaban tankin mai sayar da kifin ado, ya ga 'yan kwaɗi ƙanana waɗanda kowanne bai wuce gaɓar babban yatsa ba, suna tasowa saman ruwa su ɗebi iska su sake nutsewa, da wuya ya yi zaton cewa dabbobi iri biyu ne a gabansa. Amma sau da yawa haka abin yake. Akwai ƙaramin kwaɗon ruwa na Afirka, wanda masana suke kira Hymenochirus, wanda ko ya tsufa tsawonsa yana tsakanin santimita 3 zuwa 4 ne. Akwai kuma kwaɗo mai farce, Xenopus laevis, wanda macensa takan kai santimita 10 zuwa 13, jikinta ya cika tafin hannu. Idan suna ƙanana kamar an tsaga kara suke, kuma masu sayarwa da dama sukan zuba su a tanki ɗaya da suna ɗaya. Bayan 'yan watanni sai bambancin ya fito, galibi a ranar da mai tanki ya ƙirga kwaɗinsa ya ga ɗaya ya ɓace, ɗaya kuma cikinsa ya yi tim.

Dukansu biyu 'yan dangi ɗaya ne da ake kira Pipidae, kwaɗin da ba su da harshe, waɗanda suke ƙare rayuwarsu cikin ruwa amma da huhu suke numfashi. Ƙaramin ɗan kurmi ne: ana samunsa a kududdufai masu inuwa da ruwa marar gudu daga kudancin Nijeriya da Kamaru zuwa Gabon da yankin kogin Kwango, inda ruwa yake da ɗumi kusan duk shekara. Mai farce asalinsa kudancin nahiyar ne, inda ake sanyi na gaske a wani ɓangare na shekara, kuma yana zama a tafki da madatsar ruwa da kowane irin gurbi, har da mai dauɗa. Kusan duk bambancin da ke tsakaninsu a tankin gida daga waɗannan asali biyu ya taso.

Gane su tun a shago shi ne aikin farko, kuma hannu ake dubawa. Yatsun hannun ƙaramin kwaɗo a haɗe suke da tantanin fata kamar ƙafar agwagwa, kuma ma'anar sunan Hymenochirus ke nan, wato hannu mai tantani. Yatsun hannun mai farce a rarrabe suke, dogaye, babu fata a tsakaninsu, da su yake cusa abinci a bakinsa. Kada farcen ƙafar baya ya ruɗi mai saye, domin dukansu suna da baƙaƙen farata a yatsu uku na ƙafar baya. Sai a dubi kai: idanun ƙaramin a gefen kai suke, hancinsa da ɗan tsini, fatarsa da ɗan kaushi, jikinsa siriri, idanun mai farce a saman kai suke suna kallon sama, kansa a baje, fatarsa sumul, cinyoyinsa kauri tun yana yaro. Idan kuma kwaɗon zabiya ne, fari mai jajayen idanu, to kusan tabbas mai farce ne, domin wannan launi shi ya fi yawa a cikinsu a kasuwa. Na fi son mutum ya ɓata minti goma yana leƙen hannun kwaɗo a jikin gilashi, da ya dogara ga abin da aka rubuta a takardar da aka manna a tankin.

Game da zama tare kuwa, wanda shi ne ainihin maganar, ƙaramin kwaɗo ya fi sauƙi nesa ba kusa ba. Ba ya kare wuri, ba ya faɗa a kan maɓoya, kuma akan tarar da uku ko huɗu sun cunkushe a ƙarƙashin ganye ɗaya ko cikin kaskon da aka kifa musu. Guda ɗaya tilo yakan yawaita ɓuya, amma idan suna da yawa sukan fi fitowa fili, mai gida ya ga halayensu: yadda ɗaya zai miƙe hannu da ƙafa ya tsaya cak a saman ruwa kamar ya mutu alhali hutawa yake, da yadda suke tuɓe tsohuwar fatarsu su cinye ta. Abin da sabon mai kiwo yakan ɗauka faɗa ne yawanci kuskure ne na lokacin abinci, inda ɗaya zai kai cafka ga ƙafar ɗan'uwansa yana zaton tsutsa ce, ya sake ta nan take. Ba su da haƙora, saboda haka da wuya hakan ya bar rauni.

Masu farce ma suna iya zama tare, amma da sharaɗi mai tsauri: dole girmansu ya zo ɗaya. Wannan kwaɗo ba shi da mugunta, sai dai ba ya bambance abinci da maƙwabci. Duk abin da ya motsa kuma ya shiga bakinsa ya zama abinci, ko da ɗan jinsinsa ne. Babbar mace tana iya haɗiye matashin kwaɗo da aka kawo jiya. Akwai kuma matsalar da take tasowa ko da an saye su rana ɗaya suna daidai, domin mace tana girma ta ninka namiji, kuma wanda ya fi ƙarfi yana cinye rabon na kusa da shi, ratar ta ƙara faɗi. Mai kiwon da ya tara su dole ya kasance yana da tanki na biyu a ajiye, ko aƙalla abin raba tanki gida biyu, don ranar da ɗaya zai fara ramewa.

Haɗa jinsin biyu a ruwa ɗaya kuwa, babu wata hanyar da zan iya kare shi. Dalili na farko baki ne, kuma an riga an faɗe shi. Dalili na biyu zafin ruwa ne: ƙaramin yana son digiri 23 zuwa 26 a ma'aunin Salshiyos, mai farce kuma ya fi samun lafiya tsakanin 18 zuwa 22, saboda haka duk inda aka tsayar da ma'auni, ɗayansu yana cikin wahala. Dalili na uku shi ne wanda ido ba ya gani. Akwai wata ƙwayar cuta dangin funfuna mai suna Batrachochytrium dendrobatidis, wadda masana suka raɗa wa suna a shekarar 1999, wadda take cin fatar kwaɗi, kuma ta hallaka jinsuna masu yawa a Ostareliya da Amurka ta Tsakiya. Mai farce yana iya ɗauke da ita yana cin abincinsa lafiya lau babu wata alama, amma ƙaramin kwaɗo tana kashe shi: ya daina ci, fatarsa ta riƙa saɓulewa a yayyage, ya riƙa neman fita daga ruwa, cikin makonni kaɗan ya mutu. Don haka ko raga da bokiti da tiyo bai kamata su zama na tarayya tsakanin tankin wannan da na wancan ba.

Wajen girman tanki, bambancin kuɗi da wuri ne. Abin da masu kiwo suka saba bi shi ne lita 20 ga ƙananan kwaɗi biyu, lita 40 ga uku ko huɗu. Ni dai ba na ba da shawarar a fara da ƙasa da lita 40, ba don kwaɗin suna buƙatar filin tsere ba, sai don ruwa kaɗan yana saurin ɓaci kuma yana saurin ɗaukar zafi da sanyi. Mai farce guda ɗaya yana buƙatar aƙalla lita 40 shi kaɗai, biyu kuma lita 75 zuwa sama, domin yana ci da yawa, yana yayyaga abinci da faratansa, yana fitar da ƙazanta daidai da cinsa. Lita ɗaya ta ruwa kilo ɗaya ce, saboda haka tankin lita 75 da gilashinsa da yashinsa yana tasam ma kilo 100, kuma ba kowane tebur ne zai ɗauke shi ba.

Siffar tankin ma tana da muhimmanci, musamman ga ƙaramin. Tun da dole ya taso sama ya shaƙi iska, kuma ba gwanin ninƙaya ba ne, tanki mai tsayi siriri yana gajiyar da shi. Zurfin ruwa na santimita 25 zuwa 30 ya wadatar, kuma faɗi ya fi tsayi amfani. Mai farce ƙaƙƙarfa ne, zurfi ba ya damunsa, sai dai ƙarfin nan nasa yana tumɓuke tsirrai yana ture duwatsu, har mai son tanki mai ado da tsirrai masu rai yakan gaji da sake shuka. A tankin ƙananan kwaɗi tsirrai suna zama inda aka sa su, kuma masu faɗin ganye da masu yawo a saman ruwa suna ba su wurin hutawa kusa da iska. Dukansu biyu suna buƙatar murfi marar kafar da kwaɗo zai bi ya fita, da ɗan fili tsakanin ruwa da murfin don numfashi. Kwaɗon da ya fita ya faɗi a daɓe ba ya daɗewa fatarsa take bushewa, kuma a lokacin hunturu abin ya fi sauri.

Ƙasan tanki a sa yashi mai laushi ko duwatsu manya da ba za su shiga baki ba, ko a bar shi haka babu komai. Tsakuwa matsakaiciya ita ce haɗari, domin suna zuƙar abinci ne da ƙarfi, su haɗa da tsakuwar, ta toshe hanji.

Mataci, wato na'urar tace ruwan tanki, yana da amfani ga dukansu, amma iri daban. Ƙaramin kwaɗo ya fito daga ruwa kwantacce, kuma mataci mai ƙarfin gudu yana jifa da shi nan da can, bakin zuƙarsa kuma yana iya kama siririyar ƙafarsa ya riƙe shi a ƙasa har iska ta ƙare masa. Matacin soso mai aiki da famfon iska shi ya fi dacewa, ko kuma a rufe bakin zuƙar da soso. Mai farce yana buƙatar mataci mai ɗaukar dauɗa da yawa, amma shi ma ba ya son girgiza, domin a gefen jikinsa akwai wasu layuka kamar ɗinki waɗanda da su yake jin motsin ruwa, kuma injin da yake kaɗa gilashi dare da rana yana takura masa. A duk wanda aka zaɓa, tankin yana buƙatar makonni huɗu zuwa shida kafin a sa kwaɗi, har ƙwayoyin bakteriya masu amfani su zauna a cikin soson, su riƙa mayar da amoniya, gubar da take fitowa daga kashin kwaɗi, zuwa sinadarin naitirait, sannan zuwa naitiret mai ƙarancin guba, wanda ake ragewa ta hanyar canza kashi ɗaya cikin huɗu na ruwan kowane mako. Kwaɗo ta fata yake shan ruwa, saboda haka kulorin na ruwan famfo da ɓurɓushin sabulu a hannu da maganin kifi mai ɗauke da jan ƙarfe duk suna shiga jikinsa kai tsaye. Maganin sauro na feshi a ɗakin da tanki yake shi ma haka ne, kuma wannan abu ne da gidajenmu suke yawan mantawa da shi.

Ciyarwa ita ce inda lissafin yake juyewa, domin a nan mai farce ne mai sauƙi. Yana cin tana da dunƙulen abinci mai nutsewa da ake yi domin kwaɗi da yankan kifi, yana ganin inuwar mai gida ya taso, har yakan karɓa daga hannu. Matsalarsa ƙiba ce, kuma babba ba ya buƙatar ci fiye da sau biyu ko uku a mako. Ƙaramin kwaɗo kuwa mai jinkiri ne ƙwarai. Yakan ji ƙanshin abinci ya yi ta lalube, ya wuce ta gefensa sau biyu, ya kai cafka ya kuskure. A cikin rukuni, wannan yana nufin cewa mai kuzari zai ƙoshi, mai sanyin jiki ya kwana da yunwa, kuma mai gida ba zai lura ba sai ƙasusuwan ƙugunsa sun fito. Maganin abin shi ne a kafa wurin ci guda ɗaya, kamar ƙaramin faranti na tangaran a kusurwa, a riƙa sauke abinci a kai da dogon hantsaki ko sirinji marar allura, a kuma tsaya a ƙirga cewa kowa ya ci. Bayan mako biyu ko uku sukan saba da wurin. Abincinsu jar tsutsar ruwa daskararriya, da ƙananan jatan lande, da tsutsar sauro, da tana da aka yayyanka ƙanana, sau uku ko huɗu a mako. Jar tsutsa kaɗai ba ta isa abinci ba, sai an sassauya. Garin abincin kifi mai yawo a sama ba ya yi musu amfani, domin a ƙasa suke neman abinci. Wanda zai haƙo tana da kansa ya nemo ta daga ƙasar da ba a zuba taki na zamani ko maganin ƙwari ba.

Wannan jinkiri na ƙaramin shi ne ya sa nake ɗari-ɗari da shawarar da ake yawan bayarwa ta a haɗa shi da kifi. Gaskiya ne cewa yana iya zama da ƙananan kifaye masu sanyin hali irin su gofi da niyon tetira, babu mai cin wani. Amma kifi yana gani da kyau kuma yana da sauri, kafin kwaɗo ya gano inda abinci yake an share farantin. Kifin beta mai doguwar jela, wanda ake yawan haɗa su da shi, halinsa ya danganta da ɗaiɗaiku: wani ba ruwansa, wani kuma yana saran kwaɗon duk lokacin da ya taso numfashi, kwaɗon ma yana iya cafkar jelarsa. Katantanwar ruwa ita ce abokiyar zaman da ba ta da matsala. Ga mai farce kuwa amsar gajeriya ce: kifin da ya fi bakinsa ƙanƙanta zai cinye shi, wanda ya fi girma kuma zai sha yakushi, mai ƙaya a baya kuma zai iya maƙale masa a wuya su mutu tare.

Duk wanda ya tara kwaɗi maza da mata zai ga barbara ko bai nema ba. Namijin ƙaramin kwaɗo yana da ɗan ƙullutu fari ko ruwan hoda a bayan hammatarsa, kuma da dare yana yin wani amo siriri kamar ƙarar waya mai tsami, wanda ba ya hana barci. Yana rungumar mace ta ƙugu, su yi ta yawo a haka na sa'o'i, su taso sama su juya ciki sama ta saki ƙwai, su nutse su sake tasowa. Idan maza sun yi yawa a kan mace ɗaya sukan hana ta sakat, saboda haka ya fi kyau mata su kai yawan maza ko su fi su. Ƙwan da aka bari a tanki iyayen ne suke cinye shi, don haka babu fargabar tanki ya cika da 'ya'ya. Macen mai farce tana zuba ɗaruruwan ƙwai a lokaci guda, kuma wanda ya kwashe su ya rena zai wayi gari da kwaɗi masu yawa da ba shi da inda zai kai su.

Wannan sauƙin haihuwa da juriya su ne suka yaɗa mai farce a duniya. A shekarun 1930 aka gano, ta hanyar aikin Lancelot Hogben da wasu masana a Kef Tawun, cewa idan aka yi wa macen allurar fitsarin mace mai ciki takan saki ƙwai cikin sa'o'i, sai asibitoci a Turai da Amurka suka riƙa shigo da su dubbai don gwajin ciki har zuwa shekarun 1960. Da shi ne kuma masanin Birtaniya John Gurdon ya yi gwajin kwafin halitta da ya wallafa a 1962, wanda ya kai shi ga lambar Nobel a 2012. Waɗanda suka tsere ko aka sake sun kafa zuri'a a Kalifoniya da Chile da Faransa da Fotugal da tsibirin Sisili, suna cinye 'ya'yan kwaɗi da kifayen wurin. Shi ya sa jihohi da dama a Amurka, har da Kalifoniya, suka hana mallakarsa ba tare da izini ba, Tarayyar Turai kuma ta sa shi a jerin baƙin halittu masu ɓarna a 2022, haramcin ya fara aiki a watan Agustan 2024. Bahaushen da yake zaune a waɗannan ƙasashe doka ta riga ta yi masa zaɓi. Ƙaramin kwaɗo ba ya jure sanyin waje a can, saboda haka ba ya cikin wannan jeri.

Tsawon rai ma abin aunawa ne tun kafin a biya kuɗi. Ƙaramin yakan yi kimanin shekara 5, wani lokaci fiye idan ya samu kulawa. Mai farce yakan yi shekara 15, kuma akwai waɗanda suka haura 20. Yaron da aka saya wa shi yana aji ɗaya na firamare zai iya gama jami'a kwaɗon yana nan yana jiran tana. Ɗalibi ko ma'aikacin da ake yi wa canjin wurin aiki ya kamata ya tambayi kansa wa zai karɓi tankin lita 75 idan tafiya ta kama.

A ƙasar Hausa akwai ma'aunin da littattafan Turai ba sa kawo shi, domin su damuwarsu hita ce, mu kuma damuwarmu bazara. A Kano da Sakkwato da Maraɗi da Yamai zafin rana a watan Afrilu yana kai digiri 40 ko ya wuce, kuma ruwan da yake cikin ɗaki mai rufin kwano yana iya haura 30 ya kwana a haka. Wannan ya fi ƙarfin mai farce na kudancin Afirka, sai dai a ɗaki mai na'urar sanyaya iska da wutar da ba ta yankewa, ko a wuri mai sanyi irin Jos. Ƙaramin kwaɗo ya fi kusa da yanayinmu, amma shi ma ɗan inuwar kurmi ne, kuma ruwan da ya daɗe sama da digiri 28 yana galabaitar da shi. Dabarar da take aiki ita ce dabarar randa: a sa murfin raga maimakon na gilashi, a juya ƙaramar fanka tana hura saman ruwa, tururin da yake tashi ya tafi da zafi, ruwan ya sauka da digiri biyu ko uku, kuma a busasshiyar iskar arewa abin ya fi tasiri. Sai a riƙa cike abin da ya ƙafe da ruwan da aka cire wa kulorin, a ajiye tankin a ɗakin da ya fi sanyi, nesa da taga. Zuba ƙanƙara kai tsaye ba shi da kyau, domin faɗuwar zafi farat ɗaya ita ma cuta ce. Da hunturu kuma lamarin yakan juye, dare ya yi sanyi ruwan ƙaramin tanki ya sauka ƙasa da digiri 20, a nan ne ƙaramin kwaɗo yake buƙatar hita. Ma'aunin zafi da aka manna a tanki ake dubawa safe da yamma ya fi kowane kayan ado amfani. Ɗaukewar wuta ba ta kashe kwaɗi da sauri kamar yadda take kashe kifi, tun da iskar sama suke shaƙa, amma bakteriyar mataci tana raunana idan famfo ya daɗe a tsaye, saboda haka a ranakun da babu wuta a rage abinci a ƙara canjin ruwa.

Akwai ɗan'uwan mai farce na yammacin Afirka, Xenopus tropicalis, wanda ake samu daga Sanagal har Kamaru, Nijeriya a ciki, wanda bai wuce santimita 4 zuwa 6 ba kuma yana son ruwa mai ɗumi na digiri 24 zuwa 27. Ga mai son halin mai farce a ƙasa mai zafi shi ya fi dacewa, sai dai an fi samunsa a ɗakunan bincike fiye da shagunan kifin ado, kuma bakinsa ma bai dace da ƙananan kwaɗi ba. Kamo kwaɗon kududdufin bayan gida a jefa a tanki kuwa kuskure ne, domin yawancin kwaɗin da muke gani da damina na tudu ne, ruwa kawai suke zuwa don haihuwa, kuma a tanki mai zurfi marar tudu za su gaji su nutse. Wasunsu kuma suna fitar da dafi ta fata. Haka nan kwaɗon da aka saya ba a sakinsa a rafi ko kwata idan an gaji da shi, saboda cutar da zai iya kai wa na daji.

Lafiyar mutanen gida ba ta bambanta tsakanin jinsin biyu ba. Kwaɗin ruwa suna iya ɗaukar ƙwayar Salmonella, mai sa wa mutum gudawa da zazzaɓi, ba tare da su kansu sun yi ciwo ba. Tsakanin 2009 da 2011 hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka ta bibiyi ɓarkewar wannan cuta da ta kama fiye da mutum 200 a jihohi sama da 40, yawancinsu yara, kuma aka gano tushenta a ƙananan kwaɗin ruwa na Afirka da aka haifa a wata gonar kiwo a Kalifoniya. Shawarar da hukumar ta bayar ita ce kada yara 'yan ƙasa da shekara 5 su taɓa kwaɗin ko ruwansu. Ba a ajiye tanki a kicin ko ɗakin kwanan yara, ba a wanke kayansa a inda ake wanke kwanuka, ba a tsotsar tiyo da baki don jawo ruwa, kuma ana wanke hannu da sabulu bayan an gama, a ɗauraye shi sosai da ruwa zalla kafin a fara. Waɗannan dabbobi na kallo ne, ba na ɗauka a hannu ba, kuma gidan da yake da mai rarrafe ya fi kyau ya jinkirta.

Idan aka ɗora duk wannan a kan sikeli, ga wanda burinsa shi ne ya ga kwaɗi da yawa suna zaune tare, ƙananan kwaɗi uku ko huɗu a tankin lita 40 mai faɗi, su kaɗai babu kifi, shi ne zaɓin da na fi amincewa da shi, matuƙar mutum yana da haƙurin tsayawa minti goma a lokacin ciyarwa kuma yana da dabarar bazara. Mai farce ya dace da wanda yake son dabba ɗaya ko biyu masu kuzari da suke sanin mai su, yana da wuri mai sanyi da tebur mai ƙarfi, doka ta ba shi dama, kuma ya san inda zai kasance nan da shekara goma. Ya fi ƙaramin jure kuskuren sabon mai kiwo, wannan gaskiya ne, amma ba kwaɗon taro ba ne.

Hanyar tara su ma tana da ƙa'ida. Ya fi kyau a sayi rukunin gaba ɗaya daga wuri ɗaya a rana ɗaya, bayan an dubi tankin mai sayarwa an ga babu matacce, babu mai kumburin jiki, babu mai fata fari-fari a yayyage, kuma babu mai farce a cikinsu. Duk wanda za a ƙaro daga baya sai ya yi wata biyu zuwa uku a keɓe a nasa ƙaramin tanki da nasa kayan aiki, domin cutar fatar nan tana iya ɓoyewa makonni kafin ta bayyana, kuma kwaɗo ɗaya da aka jefa cikin gaggawa yana iya tafiya da rukunin da aka yi shekara uku ana renonsa.

Wanda kuma ya karanta wannan ya je ya leƙa tankinsa ya tarar ɗaya daga cikin kwaɗinsa yatsun hannunsa a rarrabe suke, ya raba su a daren nan, kada ya jira ya ga ko za su saba. Babbar robar abinci mai tsabta wadda sabulu bai taɓa ba, mai murfi da aka huhhuda, da ruwan da aka ɗebo daga tankin, za ta riƙe mai farcen na 'yan kwanaki kafin a samo masa wurinsa, ana canza rabin ruwan kullum. Ƙananan da suka zauna da shi kuma a sa musu ido na wata uku, ana lura da cinsu da fatarsu, kuma kada a ƙara musu sabon kwaɗo sai wannan lokaci ya wuce.